Bakin Sha-Tabki

Litinin, 13 ga Mayu, bayan la'asar

Na samo wannan kaye, littafin rubutu, cikin ragowar kayan lakkwal, makarantar da na koyar. Shekara talatin da ɗaya ina koya wa yaran aji ɗaya "ma, mi, mu", ban taɓa rubuta wa kaina layi guda ba. Yau zan rubuta, don in ban rubuta ba zan yi wa wani rashin kunya, ga shi gidan cike yake da masu gaisuwa.

Mun dawo da Baba daga asibiti da hantsi. Likita ya ce abin da za su iya sun yi, sauran a gida. Ban tambaye shi mene ne sauran ba. Hannun dama da ƙafar dama ba sa motsi. Magana babu, tun ranar Juma'a da aka tsince shi kwance bakin randa. Ido dai yana nan garau, yana bin duk wanda ya shigo.

Ban da ni. In na shiga ɗakin sai ya juya fuska bango.

Talata, 14 ga Mayu, da hantsi

Ni ke juya shi, ni ke ba shi kunu da cokali, ni ke wanke zannuwan gado. Ƙanena Nasiruddeen yana zuwa daga shagonsa na wayoyi sau biyu a rana, ya zauna ya yi masa karatu. Shi Baba yana kallon fuskarsa har ya gama. Gwaggo Hamsatu, ƙanwar Baba, ta zo daga Gesheme da ƙullin kayanta, ta ce ba ta komawa sai ta ga abin da Allah ya yi. Ita ma yana kallon ta.

Ni ce ɗiyar fari. Duk ɗan Arewa ya san abin da wannan ke nufi: uba ba ya kiran sunanki, ba ya ɗaukar ki, ba ya nuna ya san kina wurin. Kunya ce, haka aka tarar. To amma iyayen wasu in shekaru suka ja sai su sassauta. Baba Maikano bai sassauta ba. Ina ƙarama "ke" ce, ko "waccan". Da na fara koyarwa na zama "Madam". Shekarata hamsin da takwas, ban taɓa jin sunana a bakinsa ba.

Mubaraka. Na rubuta shi nan don in gan shi.

Laraba, 15 ga Mayu, azahar

Zafi. Cokali shida ya sha. Bango.

Alhamis, 16 ga Mayu, bayan la'asar

Ya fara wani abu da hannun hagu. Sai ya ɗaga shi daidai kunne, ya dunƙule yatsu, ya yi ta juyawa, ya yi ta juyawa. Sannan ya nuna bango. Sannan, ba tare da ya dube ni ba, ya nuna ni. Yau sau uku ya yi.

Gwaggo ta ce, "Doguwa ce. Ita ke shanye ma mutum ɓarin jiki, ita ke sa shi wanga juyi. A nemo baƙar akuya tun da wuri."

Nasiruddeen ya ce, "A'uzu billahi, Gwaggo. Ba za a yi wannan a gidan nan ba. Tasbaha yake nema." Ya sa masa tasbaha a hannu, Baba ya sake ta ta faɗi ƙasa.

Suka yi ta yi a kan mutum kamar ba ya ji. Ni kuwa na san ma'anar. Yaro in ya juya yatsa a gefen kai ya nuna ɗan'uwansa, mahaukaci yake ce masa. Na raba faɗa a kan wannan ya fi sau ɗari. Yana cewa waccan ba ta da hankali, a fitar masa da ita. Kuma yana da dalili. Ba zan rubuta dalilin ba.

Asabar, 18 ga Mayu, da hantsi

Wani tsoho da ya zo gaisuwa jiya ya tsaya a zaure yana tambaya, "Nan ne gidan Sha-Tabki?" Sai da gabana ya faɗi. Na yi zaton sunan nan ya mutu tare da masu faɗinsa.

Yaran yanzu ba su san Baba ya taɓa yin silima ba. Kafin a haife ni ɗan ga-ruwa ne a kasuwar Dogon Dutsi, mai kwaikwayon tafiyar mutane. In ya bi bayan mahauci ko ɗan sanda yana tafiya irin tasu, kasuwa sai ta tsaya cik. Wasu mutane daga Yamai masu yin silimar wayar da kai suka gan shi, suka ɗauke shi. Silimar lokacin ba ta da murya. Mota ce ke yawo ƙauye-ƙauye, a kafa farin ƙyalle jikin bango, hoto yana motsi, wani mutum da lasifika yana faɗa wa jama'a abin da 'yan wasa ke cewa.

Guda bakwai ya yi cikin shekara biyar. A duka shi ne wawan: wanda ya ƙi riga-kafi, wanda ya cinye irin shuka, wanda ya ƙi tace ruwa ya sha na tabki har kurkunu ya fito masa a ƙafa. Wannan na ƙarshen shi ya bi shi. Daga nan har Tibiri ba wanda ya san Maikano, sai Sha-Tabki. Da silima mai magana ta zo suka ce sai wanda ya iya Faransanci. Ya dawo ya sayi keken ɗinki, ya zauna bakin tasha shekara arba'in yana yi wa mutane faci. Bai ƙara kwaikwayon kowa ba.

Ni kuwa na sha "ɗiyar Sha-Tabki" a lakkwal har na ƙoshi. Sau ɗaya na ga abin, ina da shekara tara. An nuna fuskarsa ta cika bango, bakinsa na motsi, mai lasifika yana ihu, "Wayyo ƙafata! Wayyo na sha tabki!" Duk filin ya kwashe da dariya. Na rufe ido, na ja hannun Inna na ce mu tafi. Allah ya ji ƙanta, ta bi ni.

Lahadi, 19 ga Mayu, la'asar

Juyi, bango, ni. Juyi, bango, ni. Na fita na zauna gindin bedi har aka kira sallah.

Talata, 21 ga Mayu, bayan azahar

Malam Zakari ya zo daga Dumega a bayan kabu-kabu, an ɗaure masa sanda a gefe. Shi ne mai lasifikar. Ban san yana raye ba. Ido ya yi rauni, amma muryar tana nan kamar ya haɗiye ganga. Tun daga zaure yake cewa, "Ina ragon nan da ya kwanta da rana tsaka?"

Baba ya yi wani sauti da ban ji irinsa ba tun da abin ya faru. Ina jin dariya ce.

Ina tsaye bakin ƙofa da kwanon kunu Baba ya fara: hannu a kunne, juyi, bango, ni. Na ce, "Kun gani, Malam. Kullum haka. Cewa yake ba ni da hankali."

Malam Zakari ya matsa kusa, ya ce Baba ya sake. Ya sake. Sai tsohon ya buga sanda ƙasa.

"Ke ɗiyata, wa ya ce maki? Akwatin ɗaukar hoto ne wanga! Haka aka wana shi a gefe, awa agogo, kahin shi hwara aiki. Ga akwati, ga bango inda aka nunawa, ga ki. Cewa shikai a nuna maki silima."

Na ce, "Ni? Me zan gani a ciki? Na gani tun ina yarinya."

Ya ɗaga yatsu yana lissafa wa Baba wasannin ɗaya bayan ɗaya. Na allura? Shiru. Na iri? Shiru. Da ya ce na tabki, Baba ya rufe ido ya buɗe, ya rufe ya buɗe.

Na tabki. Cikin duka bakwai, wanda ya fi ci min rai.

Malam Zakari ya ce sauran duk an kwashe su Yamai tuntuni, bai san inda suka ƙare ba, amma na tabki ya yanke ya daina tafiya cikin inji, aka bar wa shi Malam ɗin gwangwanin da silimar ke naɗe a ciki. Yana cikin akwatin ƙarfe a ɗakinsa. Injin nunawa kam babu, ko a Doso.

Laraba, 22 ga Mayu, kafin magariba

To bari in rubuta. Kwana goma sha uku ina kewaya shi.

Ranar Alhamis, jajibirin faɗuwarsa, Nasiruddeen ya kawo masa mangwaro. Baba ya yi ta sa albarka: Nasiruddeen kaza, Nasiruddeen kaza, sunan cikakke har sau uku. Da ya tafi sai ya ce, "Madam, ruwa."

Na kawo. Na dire kofin har ya fantsama. Na ce, "Madam tana lakkwal. Shekara shida ke nan tun rasuwar mijina ina maka wanki da dahuwa. Akuyar gidan nan tana da suna a bakinka. Ni in ka mutu ban san me zan ce ni ce a wurinka ba."

Ya buɗe baki, ya rufe. Na ba shi baya na fita. Da safe bai kira ni in kawo ruwa ba, ya tashi da kansa zuwa randa.

Shi ke nan. Maganar da na yi masa ta ƙarshe yana iya mayarwa ke nan.

Juma'a, 24 ga Mayu, la'asar

Na je Dumega na dawo. Gwangwanin ya yi tsatsa, faɗinsa kamar faifai. Da muka buɗe wani wari ya taso, mai tsami. Abin a naɗe yake, siriri, faɗinsa bai wuce ɗan yatsa ba.

Na tambayi Malam Zakari, "Wai shi me yake cewa a ciki? Ba abin da kuke faɗa ba, abin da bakinsa ya faɗa."

Ya ce, "Wa ya sani? Ni takarda aka ba ni, ita nika bi. Su kuwa 'yan wasa cewa aka yi su motsa baki kawai, su hwaɗi abin da suka ga dama, tunda akwatin kurma ne. Wani ƙirga shikai, wani zagin mai ɗaukar hoto. Na taɓa tambayar ubanki, ya ce in ji da lasihikata." "Na dai tuna ranar ya ba mu wahala. An ce shi yi kukan ciwo, shi kuwa murmushi ke kuɓuce mai. Sau biyar aka sake."

Na dawo na tarar cokali biyu kawai ya sha a hannun Gwaggo. Numfashin ya canza. Ba zan rubuta yadda ya canza ba.

Asabar, 25 ga Mayu, da hantsi

Na zauna bakin ƙofa da tabarau, ina warware abin ina ɗaga shi ga rana. Hotuna ne ƙanana a jere, kowane kamar ƙwayar wake. Ga tabki. Ga mutum da ƙwarya. Na yi ta ja har na kai inda fuska ta cika hoton. Saurayi ne. Ban san Baba ya taɓa yin kumatu ba. Amma bakin ya yi ƙanƙanta, idona ya yi ta ruwa ban ga komai ba.

Nasiruddeen ya shigo ya same ni cikin tarin abin kamar mai saƙa.

"Yaya, mene ne wannan kuma? Mutum yana wannan hali, maimakon a tuna masa Allah sai a tono masa wasan banzan da ya bari shekara hamsin?"

Na ce, "Shi ya nema."

"Shi ya ce miki? Da wane bakin?"

Raina ya tashi. Na ce, "Kai ba ka da asara, Nasiru. Kai an kira ka. Tun kana rarrafe ake kiran ka, har ka gaji da amsawa. Je ka yi karatunka, ka bar ni da wasan banza."

Ya tsaya yana kallona. Ɗan'uwana ba mugu ba ne, na sani. Ko hoton aurensa bai yarda an rataya ba, kuma tsakaninsa da Allah yake yi. Ya shiga wurin Baba, ya daɗe, ya fita bai yi min sallama ba.

Lahadi, 26 ga Mayu, azahar

Nasiruddeen bai zo ba. Baba bai ɗaga hannu ba yau. Ruwa kawai, da auduga a leɓe.

Litinin, 27 ga Mayu, bayan la'asar

Nasiruddeen ya zo da hantsi, bai buɗe shago ba. Ya ce, "Ina abin?" Bai dube ni ba. Ashe ranar Asabar da ya shiga, Baba ya kama masa riga da hannun hagu, ya yi juyin nan, ya ƙi saki sai da ya ce to.

Ya manna farin ƙyalle a taga, ya sa na riƙe zaren daga sama, Gwaggo daga ƙasa, ya kafa waya a kan kujera yana ɗaukar hotunan fuskar nan ɗaya bayan ɗaya. Tamanin da wani abu. Gumi yana ɗiga daga gemunsa. Yana yi yana istigfari a hankali, Gwaggo tana ce masa, "Ka dai riƙe hannunka sosai, Malam, kada aljanin ciki shi gudu." Ya ce zai haɗa su su yi motsi, gobe ya kawo.

Da zai tafi na ce, "Nasiru, maganar shekaranjiya."

Ya ce, "Bari, Yaya. Gaskiya kika faɗa."

Allah ya kai mu goben. Allah ya kai shi.

Talata, 28 ga Mayu, bayan azahar

Nasiruddeen ya cika alkawari.

Ya kawo da hantsi. Muka zauna a inuwar zaure mu uku, ni da shi da Gwaggo. Abin bai fi ƙiftawar ido biyar ba. Saurayi kwance bakin tabki, an naɗe masa ƙafa da tsumma, fuskarsa tana kallon mu, baki yana motsi. Babu sauti. Babu Malam Zakari.

Na ce ya sake. Ya sake. Na ce ya rage gudu.

Shekara talatin da ɗaya aikina ke nan: in tsaya gaban yara sittin suna ihu tare, in gane wanda ke faɗin "ba" da wanda ke motsa baki kawai. Ba na bukatar ji. "Wayyo" da buɗaɗɗen baki ake gama shi, leɓe ba ya haɗuwa ko sau ɗaya. Wannan bakin kuwa a rufe ya fara. Ya rufe, ya turo leɓe gaba. Ya sake rufewa, ya buɗe sosai. Harshe ya taɓa sama. Sannan ya buɗe daga can ciki.

Mu. Ba. Ra. Ka.

Na ƙirga. Sau huɗu. A na ukun murmushin ya kuɓuce masa, ya yi sauri ya ɓata fuska.

Na ɗauka idona ne ke ba ni abin da nake so. Sai Gwaggo ta karɓi wayar ta kai ta kusa da hanci, ta daɗe, ta ce, "La ilaha illallahu. Wagga riga. Ranar sunanki ce." Ta ce tun asuba ya gudu daga gida don kunya, kamar yadda ake yi, ya tafi wurin aikinsa. Da liman ya raɗa suna, ita aka aika da goro ta bi shi bakin tabki. Ta same shi ana naɗa masa tsumma, ta faɗa masa a kunne. Sai ya kore ta.

Nasiruddeen ya tashi ya fita waje. Na ji yana fyace hanci.

Wato ƙauye nawa motar nan ta zaga. Dumega, Gesheme, Tibiri, Matankari, har inda ban sani ba. Bango nawa. Yana kirana a gaban dubban mutane suna dariya, ni ina cikinsu na rufe ido.

Na shiga ɗakin. Idonsa a buɗe yake, rabi. Na durƙusa, na riƙe masa wayar, na kunna. Ya kalla har ƙarshe. Da saurayin ya rufe baki a na huɗun, na ce, "Na'am, Baba."

Ya juya fuska bango.

Na kusa tashi. Wallahi na kusa, don na saba. Sai na ji an riƙe min bakin zane. Hannun hagu ne. Fuska a bango, kunnensa ya yi wani iri, hawaye yana gangarowa yana shiga ciki, hannu kuma ya ƙi saki. Na ce masa ya yafe min maganar ranar Alhamis. Ya ƙara damƙewa. Haka muka zauna har aka kira azahar.

Kwana goma sha biyar ina cewa fushi ne.

Laraba, 29 ga Mayu, la'asar

Cokali uku, a hannuna. Bango. Zane.

Alhamis, 30 ga Mayu, azahar

Hadari ya haɗu ta gabas ya watse. Bai farka sosai ba. Nasiruddeen yana karatu, ni ina riƙe da hannun.

Asabar, 1 ga Yuni, bayan la'asar

Jiya Juma'a, da hantsi. An kai shi bayan an sauko daga masallaci.

Ba zan iya fiye da haka ba yau.

Talata, 4 ga Yuni, da hantsi

An yi ruwan fari ranar Lahadi, masu zaman makoki rabi sun tafi shuka. Gwaggo tana ɗaure kayanta. Malam Zakari ya zo, ya zauna a zaure. Da na faɗa masa abin da bakin ke cewa, ya daɗe yana murza sandarsa, sannan ya ce, "Shekara biyar ina rufe mai baki da tawa murya. Ki yahe mani." Na ce ba abin yafewa, aikinsa ya yi.

Wata tsohuwa ta tambaye ni ko ni ce ɗiyar Sha-Tabki. Na ce ni ce, ta fari.

Ba ni da wanda zan dama wa kunu, amma na tashi na dama. Nasiruddeen ya sa min abin a wayata, ya nuna min inda zan taɓa. Bayan na share tsakar gida na zauna bakin randa na kunna.

Sau huɗu yake kira. Duka huɗun na amsa.